Shekara huɗu da titi ya cinye mana gona, har yau ko sisi ba mu gani ba

Ɗan_Fadama:

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Don Allah shawara nake nema, musamman in akwai lauya ko wanda ya taɓa aiki a ɓangaren ƙasa da safiyo, don wallahi abin ya kai mana iya wuya.

A damunar 2021 aka zo za a faɗaɗa titin da ya bi ta bayan ƙauyenmu, wasu mutane suka shigo da na'urar awo da jan fenti suna kakkafa turaku, layin ya ratsa tsakiyar gonar mahaifinmu wadda shi ma gadonta ya yi wurin kakanmu, ta kai eka uku da 'yan kai. A ciki akwai mangwaro 11 'yan aure, ɗorawa 4, kuka ɗaya, rijiya, da wani ɗaki na bulo da muke zuba amfani. Suka ƙirga komai, suka sa Baba ya riƙe wani allo mai lamba aka ɗauke shi hoto a ƙofar ɗakin, mai unguwa na tsaye dagaci na tsaye, aka ce nan da wata uku kowa zai ji alat na kuɗin diyya. Ko sati shida ba a rufa ba sai ga katafila, lokacin dawa ta fara fidda kai, Baba ya roƙe su su bari a girbe suka ce kwangila ba ta jiran kaka.

A 2022 an biya wasu kamar mutum arba'in, mu aka ce muna kashi na biyu. Tun daga nan sai je-ka-ka-dawo. Baba ya yi sintiri har ya gaji, ka je ofis a ce fayil yana teburin darakta, ka koma a ce ba a saki kuɗi ba, wata rana a ce ku je wurin kamfani, kamfani ya ce shi zuba kwalta ya sani. Ya rasu a 2023 bayan ƙaramar salla bai ga ko kwabo ba. Titi kuma an gama an yanke zare an yi tafi, kullum ta kan gonarmu nake wucewa a kan mashin.

Tambayata uku ce. Mu ba mu da takardar shaidar mallaka ta gwamna, wani ma'aikaci ya ce min wai in babu ita ko kotu muka je ɓata kuɗi ne, gaskiya ne? Na biyu, rasuwar Baba ta kashe maganar ko mu magada za mu iya bi? Na uku, samarin garinmu sun ce kawai mu tare titin ranar kasuwa, ni dai zuciyata ba ta kwanta ba. Mu kusan talatin ne abin ya shafa.

Sarkin_Yaƙi99:

Tab. Malam an cinye kuɗinku tuntuni, kashi na biyu ai sunan da ake sa wa kuɗin da aka raba ne. Ku haɗa kuɗi ku shiga gidan rediyo shirin ƙorafi na dare ku ambaci sunan kowa, wlh kafin azahar za a kira ku. Mutanen nan kunya ba ta dame su ba amma suna tsoron kunnen gwamna.

Lauyan_Karkara:

Wa alaikumus salam. Allah ya jiƙan Baba ya sa ya huta. Zan ɗan ja magana, ka yi haƙuri.

Batun rashin takardar gwamna ka cire shi a ranka, da shi ake razana mutanen ƙauye. Dokar amfani da ƙasa ta 1978, wadda aka yi zamanin mulkin soja na Obasanjo, ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana, wannan haka yake, amma sashe na 36 ya ce wanda yake noma gonarsa a karkara bisa al'ada tun kafin dokar zai ci gaba da riƙe ta tamkar ƙaramar hukuma ce ta ba shi izini. Gonar da kakanku ya noma a nan ta faɗa. Kuma tunda su da ƙafarsu suka zo suka ƙirga suka ba da lamba, ai sun riga sun amsa cewa wurin yana da mai shi. Rasuwa ma ba ta kashe haƙƙi, ya zama cikin abin da mamaci ya bari.

Ga inda ba za ka ji daɗi ba. Dokar ba ta biyan kuɗin ƙasa tsura. Sashe na 29 abin da mutum ya ɗora a kan ƙasar yake kallo, wato gini, rijiya, shuka, itatuwa. Gini ana lissafa abin da za a kashe a sake irinsa, a cire tsufan da ya yi, sannan a ɗora kuɗin ruwa na banki saboda jinkirin biya. Itatuwa da amfanin gona kuwa da jadawalin farashin gwamnati ake bi. Shi ya sa eka uku a bakin kwalta da a kasuwa za ta yi miliyoyi, a takardarsu sai ka ga abin da bai kai kuɗin fuloti ɗaya ba. Jadawalin tarayya na itatuwa tun 2008 yake ba a taɓa ba sai 2024 da ma'aikatar gidaje ta sabunta shi, kuma ko shi ba kowace jiha ke bin sa ba, ku naku an ƙiyasta shi a 2021 kafin naira ta faɗi a 2023, ka tuna nawa buhun siminti yake lokacin ka duba yanzu. Don haka in za ku rubuta takarda kar ku manta da maganar jinkirin nan.

Akwai kuma abin da kusan ba wanda yake tambaya. Sashe na 6 ya ce in aka ƙwace gonar da ake nomawa a ƙarƙashin mallakar al'ada, ƙaramar hukuma ta ba mutum wata gonar a madadinta. Ni dai ban cika ganin an yi ba, amma a rubuce yake, ku sa shi cikin buƙatunku, ba ku yi asarar komai ba.

Kotu fa? Sashe na 44 na tsarin mulkin 1999 ya ce ba a karɓar dukiyar mutum da ƙarfi sai da biyan diyya cikin gaggawa, kuma da haƙƙin zuwa kotu. Lauyan gwamnati zai ɗaga sashe na 47 na dokar ƙasa ya ce kotu ba ta da hurumin duba yawa ko ƙarancin diyya, wannan aikin kwamitin rabon filaye ne, to amma ku ba kukan an ba mu kaɗan kuke ba, kukan ba a ba mu komai ba kuke, kuma babbar kotun jiha tana sauraren wannan. Sai dai abu uku nake ja maka kunne a kai. Ɗaya, lokaci. Akwai dokar da ke kare ma'aikatan gwamnati mai wa'adin wata uku, akwai kuma dokar wa'adin shigar da ƙara ta kowace jiha, ko da kotuna sun cire wasu shari'o'in ƙasa daga waccan ta wata ukun, da ita za su fara kare kansu, don haka duk shekarar da ta wuce kuna jira da baki ƙarfinku raguwa yake. Biyu, duk sintirin da Baba ya yi, in ba takarda, a idon kotu kamar bai je ba. Ku rubuta wasiƙa, ku yi fotokwafi, a buga muku hatimin an karɓa da kwanan wata a kan kwafinku, in suka ba da amsa a rubuce cewa e ana bin mu, wannan takardar ta fi zinare. Uku, cin shari'a daban karɓar kuɗi daban, don kafin kotu ta taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati doka ta ce sai da yardar antoni janar, ka ga kuwa an ba kura ajiyar nama. Shi ya sa ni kotu ce ƙofar ƙarshe da nake kai mutane, amma ina so ɗaya ɓangaren ya san a shirye muke mu shiga.

Baba_Na_Mafara:

Ɗana, ni ba lauya ba ne, tsoho ne, jikana ke danna min wannan. Maganar tare hanya ce ta sa na ce sai na yi magana.

Ka tambayi manyanku labarin Bakolori. Dam ne aka gina a kan kogin Sakkwato kusa da Talatar Mafara, lokacin ba a yi jihar Zamfara ba duk Sakkwato ce, wani kamfanin Italiya ya yi aikin aka gama a 1978. An tashi dubban mutane, an hana wasu noma shekara da shekaru ana baje gonakinsu don aikin ban ruwa, diyyar gona da ta itatuwa aka yi ta ja, wani a biya shi wani a ce babu sunansa, irin dai abin da kake faɗa. Manoma suka gaji suka tare hanyoyin shiga wurin aikin. A ƙarshen watan Afrilun 1980, zamanin Shagari, aka turo 'yan sandan kwantar da tarzoma, aka buɗe wuta aka ƙona ƙauyuka. Gwamnati ta faɗi adadi ɗan kaɗan, mutanen yankin suna cewa ɗaruruwa ne. Su ne masu gaskiya fa, gonarsu ce, amma su aka binne.

Ban ce ku zauna ku naɗe hannu ba. Mutanen Abuja na asali tun 1976 ake musu alkawarin diyya, wasu har yau suna jira, zama ba ya kawo komai. Amma ranar da kuka sa taya a kan kwalta, maganar ta tashi daga an ci haƙƙinmu ta koma sun tada hankali, kuma wanda ya ci kuɗinku ranar zai yi barci mai daɗi. Ku tafi da yawanku, da manyan riguna, da takarda a hannu, ku gaida hakimi ku ce ranka ya daɗe mun zo ne ka shige mana gaba. In ya ƙi, kun dai fita haƙƙinsa.

Tsohon_Ma'aikaci:

Na yi shekara 31 a sashen kimanta kadara a wata jiha kafin na yi ritaya, bari in gaya maka yadda abin yake tafiya daga ciki, don Barista ya faɗi doka, ni kuma zan faɗi ofis.

Ranar da aka ɗauki Babanku hoto da allo, an cike fom a wurin, daga fom ɗin nan ake haɗa jadawali, kowane mutum layi ɗaya: lamba, suna, abin da aka ƙirga, kuɗin da ya kama, da gurbin sa hannu ko dangwale. Da wannan jadawalin ake neman amincewa, da shi ake yin bauca. To abin da za ku fara nema kenan, ba darakta ba. Lambar allon nan ita ce ranku. Akan ba mutum 'yar ƙaramar takarda mai lambar, ku birkice kayan marigayi ku nemo ta.

In kun ga jadawalin, ɗayan uku za ku tarar. Ko sunanku na nan ba a biya ba, wannan shi ne mai sauƙi, kuɗi ne ba a saki ba. Ko babu sunan kwata-kwata, an zare shi an cusa na wani, don sunayen bogi a harkar diyya ba sabon abu ba ne, za ka ga ƙauye mai gida 60 amma jadawali ya nuna 95, har bukkokin da aka kafa cikin dare da aka ji labarin titi zai wuce, kuma gaskiya ɗaya ce, mutanen gari ma da hannunsu a wannan. Ko kuma sunanku na nan an rubuta an biya, wani ya dangwala a madadinku. Na ukun nan ba maganar ma'aikata ba ce kuma, maganar hukumomin yaƙi da cin hanci ce.

Sai ka binciki wa ke da alhakin biya tun asali, don a nan ake wasa da hankalin mutane. Titi na iya zama na tarayya amma a ce jiha ce za ta share hanya ta biya diyya, wani lokacin kuma an sa kuɗin a cikin kwangilar kamfani. Ku karanta allon aikin da aka kafa a bakin hanya in bai faɗi ba. In hukumar tarayya ce, dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba ku dama ku nemi takardun a rubuce, kwana 7 doka ta ba su su amsa. In kuwa kuka ga sunan Bankin Duniya a allon to kun taki sa'a, don su ƙa'idarsu a biya mutum cikakken abin da zai maye gurbin asararsa kafin a taɓa masa wuri, kuma kowane aiki nasu dole ya kasance da kwamitin sauraren koke.

Wata tambaya kuma. Ko Baba ya taɓa sa hannu a takardar wakilci ga wani mai kimanta kadara? Suna yawo ƙauyuka lokacin irin wannan aikin, su ce za su bi muku a kan kashi goma cikin ɗari. Akwai na kirki masu rajista, sun ma fi ku sanin ƙofofin, akwai kuma 'yan damfara da za su karɓi ceki da sunanka ka ji shiru. Haka nan dokar ta yarda in fili na al'umma ne a danƙa kuɗin ga shugabansu ya raba. Ban zargi dagacinku ba, ban san shi ba, amma ku tambaya cikin ladabi ko an taɓa kawo wani abu ta hannunsa.

Maman_Hanifa:

Allah sarki, Allah ya jiƙan mahaifi. Duk maza sun yi magana ba wanda ya tuna abu ɗaya. Wace lambar akawun Baba ya bayar ranar? In tasa ce, kun je banki kun duba? Mu haka ta faru da mu, ana ta zagin gwamnati ashe kuɗin sun shiga akawun ɗin marigayi wata bakwai suna kwance, layin wayarsa kuma an rufe ba mai ganin alat. Banki ba zai nuna muku komai ba sai da takardar shaidar rasuwa da takardar kotu ta magada, mu kotun shari'ar Musulunci ce ta rubuta mana.

Sannan don Allah ɗan'uwa, kuɗin nan in sun fito gado ne, ba ladan wanda ya yi sintiri ba. Mahaifiyarku da abokan zamanta suna da tumuninsu, 'yan'uwanku mata suna da rabonsu ko suna gidan aure a wani gari. Na ga gidan da 'yan'uwa suka shekara biyar suna bin diyya tsintsiya maɗaurinki ɗaya, ranar da ta fito zumunci ya watse. Ku rubuta abin da kowa ya kashe na mota da fotokwafi tun yanzu a cire kafin rabo. Shi kuma kuɗin ruwan jinkiri da Barista ya ambata, ku tambayi malami tukun kafin ku haɗa shi da na marayu.

Lauyan_Karkara:

Hajiya ta yi gaskiya, na tsallake wannan, takardar magada ita ce ma farko don ba wanda zai saurare ka da sunan mamaci in babu ita. Sarkin_Yaƙi, rediyo tana aiki amma ba a ambatar sunan mutum da sata in ba hujja a hannu, sai a juya ƙarar ta dawo kanku. Ku faɗi lambobinku da kwanan wata kawai.

Akwai kuma hukumar karɓar koke-koken jama'a ta tarayya, tun 1975 take, tana da ofis a kowace jiha kuma kyauta ce. Matsalarta doka ta ce ba ta karɓar koken da ya haura wata 12 da faruwa, kuma ba ta shiga maganar da ke gaban kotu, shi ya sa na ce ku rubuta sabuwar wasiƙa yanzu, in aka ƙi amsawa sai ku kafa kokenku a kan wannan ƙin. Majalisar dokokin jiha ma tana da kwamitin koke, ɗan majalisarku ne zai gabatar, kuma kun san lokacin da kunnensu yake buɗewa.

Ɗan_Fadama:

Jama'a na dawo, ku yi haƙuri da shirun sati uku. Allah ya saka wa kowa da alheri, Baba na Mafara na karanta wa samarinmu maganarka a majalisa, an bar zancen tare hanya, ko da yake biyu daga ciki har yanzu suna min kallon matsoraci.

Takardar ta fito. Inna ce ta tuna, tana cikin adakar Baba a naɗe cikin leda tare da tsofaffin rasidan haraji, lambar tana nan raɗau. Banki mun je da takardar kotu, ba abin da ya shiga. Mu 26 muka sa hannu a wasiƙa ɗaya, hakimi ya haɗa mu da wakilinsa, aka buga mana hatimi, kuma a karon farko cikin shekara huɗu wani ya buɗe jadawalin a gabanmu, ashe dai da ana iya buɗewa.

Sunan Baba na nan, ba a biya ba. Amma mangwaro 11 an rubuta 4, rijiya babu ita sam. Abin da ya fi tayar min da hankali shi ne wata dattijuwa maƙwabciyar gonarmu, mijinta ya rasu tun kafin aikin, an rubuta an biya ta tun 2022 har da dangwale, ita kuwa ta rantse ko ƙofar ofishin ba ta sani ba sai ranar. Irinta mutum biyar ne a cikinmu.

Yanzu sun ce wai in an saki kuɗi za a biya mu abin da ke rubuce. Barista, mu karɓi na mangwaro huɗun mu ci gaba da bin sauran, ko karɓar za ta rufe mana baki?

Lauyan_Karkara:

Ya danganta da abin da aka rubuta a saman wurin sa hannun. In takardar ta ce ka karɓi cikakken haƙƙinka ba ka da sauran magana, kar ka sa hannu sai lauya ya gani. Kafin ranar ku shigar da wasiƙar ƙin amincewa da ƙirgen a buga muku hatimi, ku nemi a fito da fom ɗin asali na ranar awo da hoton Baba da allo, wataƙila ma itatuwan sun fito a bayansa, mai unguwa kuma ya rubuta abin da ya gani da idonsa. Su mutum biyar ɗin nan a raba takardarsu daban, kuma kar kowa ya je ya tunkari wanda ake zargi. Dattijuwar tana da katin ɗan ƙasa? In tana da shi a ajiye shi kusa, za a buƙaci gwada yatsanta da wanda ke kan jadawalin.